Keken da ke Bango

A ɗakin karatu na Samaru na tsince shi,
can ƙasan kanta, inda gara ta fara aikinta,
littafin zane-zanen Japan, bangonsa ya ɓalle,
rabon da a are shi tun ban iya tafiya ba.

Shafi na arba'in da ɗaya:
wata mace cikin doguwar rigar ƙasarsu, ɗamara a baya,
ta tsaya da laimar takarda
ƙarƙashin turken wayar lantarki.
A bayanta jirgin ƙasa na wucewa,
hayaƙinsa ya cinye rabin dutsen da kakanninta ke zanawa.
Ba ta kallon jirgin, ba ta kallon dutsen,
agogon hannunta take kallo.

Malaminmu ya ce zamananci ke nan:
ƙasa ta zare sakata bayan dogon kulle,
baƙo ya shigo da fentinsa da injinsa,
masu gida suka rasa ko su yi masa shimfiɗa
ko su naɗe tabarmarsu su ɓoye.
Ya jera shekaru a allo. Na kwafa.
Ban ji komai a jikina ba.

Ran Alhamis na jefa shi a jaka,
Kwangila, Tudun Wada, Ƙofar Doka,
na iske kakana Tanimu a zaure
yana sosa faso da tsinken tsintsiya.
Magini ne. Makuba ta rine masa farce tun yana yaro
har yau sabulu bai ci galaba ba.
Ya buɗe littafin daga dama, yadda ya saba,
ashe haka ma masu shi ke buɗewa.

Ya daɗe a kan matar.
Ya ɗora yatsa inda babu komai, farin takarda zalla,
ya ce, Wannan ya san aiki,
bango ma sai an bar masa wurin numfashi.
Sannan ya taɓa agogon ya yi dariya:
Ya sha zagi, mai zanen nan.
Na ce, Wa ya gaya maka?
Ya ce, Miƙo min sandata.

Lungu uku bayan masallacin unguwa,
wani tsohon gida, zankonsa ɗaya ya karye.
Bisa ƙofar, tsakanin dagi da dagi,
keke ne na laka,
da ƙararrawarsa, da sarƙa, da ɗan famfo a gefe.
Ni na yi shi, in ji shi, ina da shekara ashirin.
Mai gidan ya sayi keke, ya ce a sa masa.
Wata bakwai ubana bai ci tuwo da ni ba,
wai dagi ba ya hawa keke,
wai na kai kasuwa inda ya kamata a kai girma.
Daga baya aka ce min ya kan biyo ta nan da asuba
ya tsaya, ya kalla, ya wuce.

Yanzu tayar baya ta zube.
An tara bulo a gefe, an kawo yashi,
jikan mai gidan zai buɗe shagon cajin waya,
janaretansa ɗan Japan yana ta tari a ƙofa.

Na ɗaga waya zan ɗauka.
Ya ce, Ɗauki, amma kar ka yi min makoki,
ƙasa ce, daga kududdufi na aro ta.
Matsa nan, rana na bayanka.

Litinin na mai da littafin, har da tarar kwana biyu.
Kafin in miƙa na sake buɗe shafin.
Ga matar nan, har yanzu tana duba lokaci,
ga kuma, a farin filin da aka bari,
sawun yatsan Tanimu, ja-ja,
bai goge ba, ni ma ban goge ba.